Ɓauren da Ya Ƙi Nuna a Kalifoniya

A shekarar 1880 wata jarida ta birnin San Faransisko mai suna Bulletin ta shiga wani aiki da ba na jarida ba. Manajanta, G. P. Rixford, ya nemi ƙaramin jakadan Amurka da ke Simirna, birnin da yau ake kira Izmir a gaɓar tekun Turkiyya, da ya sa a yanko masa rassan ɓauren ƙasar a aiko. Ba ɓauren da muka saba gani a bakin rafi ake nufi ba. Ɗan'uwansa ne, wanda Larabawa ke kira tin, wanda alhazai kan zo da busasshensa a tsaraba. A wancan zamani babu busasshen ɓauren da ya kai na Simirna daraja a kasuwannin Turai da Amurka: fatarsa mai laushi, launinsa na zuma, ga ƙwayoyin ciki masu garɗi idan an tauna. Kalifoniya kuwa tana da rana, tana da dogon rani marar ruwan sama irin na yammacin Turkiyya. Kowa ya ɗauka abin da ya rage kawai shi ne a kawo itacen.

Aka kawo. Bayan kason farko sai aka sake aiko da wani babba, rassa wajen dubu 14, jaridar ta rarraba wa masu sayenta a sassan jihar. Rassan suka kama, suka yi ganye shar, suka girma da sauri har suka ba masu su sha'awa. Da lokaci ya yi suka fitar da 'ya'ya birjik. Sai dai kafin 'ya'yan su wuce girman goriba ƙarama, sai su tsaya cak, su yi rawaya, su yanƙwane, su zube ƙasa. Ba rabi ba, ba mafi yawa ba, dukkansu. Shekara ta zagayo, aka sake ganin haka. A gonar da ake ban ruwa haka, a wadda ba a yi haka, a kan tudu haka, a kwari haka.

Abin da ya ƙara ɗaure kai shi ne ɓaure ba baƙo ba ne a Kalifoniya. Tun bayan da limaman Kirista 'yan Sifen suka kafa mazauninsu na farko a San Diyego a 1769 aka shigo da wani baƙin ɓaure da ake kira Mission, kuma yana nuna kowace shekara ba tare da kowa ya yi masa wani abu ba. Sai ga itace biyu a gona ɗaya, ƙasa ɗaya, ruwa ɗaya, ɗaya rassansa na rinjaya don nauyin 'ya'ya, ɗaya kuwa ana share zubabbun nasa da tsintsiya. Wannan kaɗai ya isa ya wanke ƙasa da yanayi daga zargi, ko da yake mutane sun daɗe suna maimaita shi.

Zargi na farko da ya samu karɓuwa shi ne na ha'inci. Aka ce mutanen Simirna ba za su yarda su miƙa wa baƙo abincinsu ba, don haka suka haɗa Amurkawa da rassan banza. Maganar ta zauna wa mutane don tana da sauƙin fahimta, kuma tana ɗora laifi a kan wanda ba ya kusa balle ya kare kansa. Wasu suka sare itatuwan, wasu suka yi musu aure da wani iri. Amma wani gidan masu renon dashe a Fresno, gidan Roeding, ya ga hanya ɗaya ce ta gane gaskiya. A 1886 suka tura mutum takanas har Simirna, ya shiga gonakin da ake samun ɓauren mai kyau, ya ga itatuwan da idonsa, ya sa aka yanko rassan. Aka dasa su a Fresno a fili mai faɗi, aka jira shekarun da ake jira. Suka yi 'ya'ya, 'ya'yan suka zube kamar na farko.

To, ba a cuci kowa ba ke nan. Itacen na gaske ne. Akwai dai wani abu a Simirna da ba ya cikin reshe, ba ya cikin ƙasa, ba ya cikin ruwa.

Matafiya sun sha ba da labarin wata al'ada ta manoman yankin. Idan watan Yuni ya kama, sai su tafi wurin wani ɓauren jeji wanda ba a cin 'ya'yansa, busassu ne, cike da ƙwari, sai dai a bar wa awaki. Su tsinko 'ya'yan da sassafe, su shirya su a tsinken ciyawa ko zare, su rataya a rassan ɓauren gona. Idan ɓauren jejin ya yi ƙaranci a wata shekara, har saye suke yi da kuɗi daga nesa. Idan ka tambayi manomi dalili, sai ya ce in ba a yi haka ba 'ya'yan zubewa za su yi. Al'adar tsohuwa ce ƙwarai. Fiye da shekara dubu biyu da suka wuce, Aristotal na Girka ya rubuta labarin ɗan ƙwaron da ke fitowa daga ɓauren jeji ya shiga na gona ya hana shi faɗuwa, almajirinsa Tiyofirastus ma ya yi bayanin yadda ake ratayawar.

Me ya hana Amurkawa ɗaukar wannan tun farko? Malaman zamaninsu ne suka riga suka yanke hukunci. A shekarun 1840 wani masanin tsirrai na birnin Napoli a Italiya, Guglielmo Gasparrini, ya yi gwaje-gwaje na tsanaki. Ya rataya wa wasu itatuwa ɓauren jeji, ya hana wasu, ya ga duka sun nuna. Ya kammala da cewa ratayawar ba ta da amfani, gado ne kawai da manoma ke bi ba tare da tunani ba. Mutumin bai yi ƙarya ba, abin da ya gani ya faɗa. Amma maganarsa ta shiga littattafai, daga nan ta zama abin da duk mai ilimi ya kamata ya yarda da shi. Don haka da Gustav Eisen, wani masani ɗan asalin Suwidin da ke zaune a Kalifoniya, ya tashi gaban manoma ya ce ɓauren Simirna ba zai taɓa nuna ba sai an kawo ɓauren jeji da ƙwaronsa, dariya aka yi masa. Ni a nan ne labarin ya fi ba ni takaici. Amsar tana rataye a reshe a gonar kowane talakan Simirna, ana ganinta da ido, amma aka yi shekaru ana asarar dukiya don an raina bakin da ya faɗe ta.

Kafin a gane abin da ƙwaron ke yi, sai an amsa wata tambaya da kowane yaro zai iya yi: ina furen ɓaure? Mangwaro na fure, lemo na fure, amma ba wanda ya taɓa ganin ɓaure ya yi huda. Sai dai kawai a wayi gari a ga ɗan ƙullutu kore a gindin ganye. Dalili shi ne wannan ƙullutun ba ɗa ba ne tukuna. Jaka ce rufaffiya, furannin kuma suna jere a bangonta ta ciki, ɗaruruwa, ƙanana ƙwarai. Ƙofa ɗaya gare ta, ɗan idon nan da ke ƙasan ɓaure, shi ma a toshe yake da ƙananan ɓawo masu hawa kan juna. Iska ba ta shiga, ƙudan zuma ba ya shiga. Abin da muke ci muna cewa ɓaure tarin furanni ne da suka nuna a cikin jakarsu, kowace ƙwaya da ke ƙaras a haƙori kuma ita ce ainihin ɗa guda.

Da aka buɗe jakar ɓauren Simirna aka duba da gilashin ƙara girma, sai aka ga furannin ciki duka mata ne. Babu namiji ko ɗaya. Da aka buɗe ta ɓauren jeji kuwa, sai ga furanni maza a jere kusa da ido, ɗauke da garin fure. A 1882 Fritz Müller, wani Bajamushe masanin halittu da ke zaune a Barazil, ya faɗi abin da wannan ke nufi: ɓauren jeji da na gona ba itatuwa biyu ba ne, jinsi ɗaya ne, wancan namiji, wannan mace. Wanda ya san dabino ba zai yi mamaki ba, don ya san macen dabino ba ta ba da 'ya'yan kirki sai garin namiji ya kai gare ta. Amurkawa sun cika gonakinsu da mata zalla.

Magana ce mai ma'ana, amma tana bukatar shaida, kuma George Roeding, saurayin da ke kula da gonar Fresno, shi ya kawo ta. Cikin rassan da aka kawo a 1886 akwai na ɓauren jeji, kuma sun girma. A 1890 ya tsinko 'ya'yansu, ya karkaɗe garin furen, ya ɗiba da bututun gashin tsuntsu, ya tura ta idon wasu 'ya'yan ɓauren Simirna. Sauran 'ya'yan itacen suka zube yadda suka saba. Guda huɗu suka tsaya, suka kumbura, suka nuna, da ƙwayoyi masu cikakken ciki da ɗanɗanon nan da ake nema. Shekara ta gaba ya yi amfani da siririn bututun gilashi yana hura garin, ya samu 150. Daga ranar babu sauran gardama a kan abin da ya ɓace. Sai dai ba mai iya bin gona mai dubban itatuwa yana hura wa kowane ɗa gari da baki. Dole a nemo mai aikin na asali.

Ƙwaron ɗan mitsitsi ne, tsawonsa bai fi milimita biyu ba, dangin zanzaro da rina ne amma ba ya harbi. Masana na kiransa Blastophaga psenes. Rayuwarsa kusan kaf a cikin ɓauren jeji take. Macen takan kutsa ta ido, matsin wurin ya karye mata fukafukai, ta isa ciki ta yi ƙwai, ɗaya a kowane fure, sannan ta mutu a nan. Kowane ƙwai ya zama tsutsa yana cin abin da ke cikin furensa. Mazan ne ke fara ƙyanƙyashewa, ba su da fukafukai, kusan ba sa gani. Su bi furannin da matan ke kwance, su huda, su yi barbara, shi ke nan aikinsu ya ƙare, a cikin jakar da aka haife su suke mutuwa. Matan su fito ɗauke da ciki su nufi ƙofa. Daidai lokacin ne furanni mazan da ke bakin ƙofar suke fashewa, don haka kowace mace sai ta yi wanka da gari kafin ta ga rana. Kwana ɗaya ko biyu ya rage mata a duniya, kuma abu ɗaya take nema, ɗanyen ɓauren da za ta yi ƙwai a ciki.

A nan asirin rataya yake. Macen ƙwaron ba ta bambance ɗanyen ɓauren jeji da na gona. Idan manomi ya rataya mata gidanta a tsakiyar itacen Simirna, sai ta faɗa ɗan da ya fi kusa. A ciki za ta tarar da furanni masu dogon wuya, tsinken da take saka ƙwai da shi ba ya kaiwa gindinsu. Ta yi ta zagaye tana gwada wannan tana gwada wancan, garin da ke jikinta na gogewa a kan kowanne. Ba ta samu ta yi ƙwai ko ɗaya ba, ta mutu, amma furannin sun ɗauki ciki, itacen kuma ya riƙe ɗan maimakon ya yar da shi. Gawarta kuwa ruwan ɓauren ne ke narkar da ita kafin ya nuna. Bahaushe ya daɗe da cewa in za ka ci ɓaure kada ka tona cikinsa, kuma ƙwarin da ya gani a namu ɓauren na wannan dangi ne. Cediya da durumi da gamji duk haka suke, jinsin ɓaure ya haura 700 a duniya, kusan kowanne da nasa ƙwaron da ba ya yi wa wani aiki.

An san mai aikin ke nan, saura a kawo shi da rai, kuma wannan ya ci kusan shekara goma. An sha aiko da 'ya'yan ɓauren jeji daga ƙasashen Bahar Rum. Wani lokaci su iso a ruɓe. Wani lokaci a buɗe akwati a tarar ƙwarin sun fito a hanya sun mutu. Wani lokaci su iso da rai, a sake su, su rasa ɗanyen ɓauren jejin da ya kai lokacin karɓarsu, zuriyar ta yanke a nan. Halittar da ba ta wuce kwana biyu a waje ba ta jure tafiyar makonni a jirgin ruwa da na ƙasa.

Mafitar tana cikin kalandar itacen. Ɓauren jeji sau uku yake 'ya'ya a shekara, kuma ƙwaron na ƙaura daga wannan zubi zuwa wancan. Akwai zubin farkon zafi, mai yawan garin fure, wanda manoma ke ratayawa. Akwai na kaka. Sannan akwai na hunturu, wanda ke maƙale a reshe bayan ganye ya kaɗe, tsutsotsin na kwance a ciki suna jiran sanyi ya wuce. Walter Swingle, masanin tsirrai na ma'aikatar gona ta Amurka, ya ga cewa wannan na ƙarshen ne ya dace da tafiya, don ƙwaron da ke barci ba ya gaggawar fita. Ya naɗe kowane ɗa shi kaɗai a takardar ƙarfe mai sheƙi don kada ya bushe. A farkon 1899 ya aiko da irin waɗannan daga Aljeriya, suka isa Fresno a watan Afrilu, aka ajiye su a ƙarƙashin wani ɓauren jeji da aka lulluɓe da mayafi. Makonni suka wuce ba alamar komai, har aka fara ɗauka wannan ma ya bi sahun na baya. A watan Yuni sai aka lura wasu 'ya'yan ɓauren jejin sun ƙi zubewa, sun yi tauri sun yi nauyi. Aka fasa ɗaya, ga ƙwari cike.

Suka tsallake hunturun farko. A 1900 ma'aikatar ta tura masanin ƙwari E. A. Schwarz ya zauna a gonar yana bin rayuwarsu, aka yi rataya irin ta Simirna, kuma a wannan shekarar amfanin da aka samu da tan aka auna shi, ba da ƙidaya ba. Shekara ashirin ke nan daga aikowar farko. Roeding ya raɗa wa ɓauren sunan kasuwa, Calimyrna, kuma har yau da wannan suna ake sayar da shi.

Saura tambaya ɗaya, wadda ita ta rikita kowa tun farko. Me ya sa Mission ke nuna ba ƙwaro? Me ya sa itatuwan Gasparrini suka nuna? Ashe macen ɓaure ba iri ɗaya ba ce. Akwai wadda ke riƙe 'ya'yanta ta nunar da su ko gari bai shiga ba, sai dai ƙwayoyin cikinta fanko ne, ba sa tsira. Mission na cikin waɗannan, haka Brown Turkey da Kadota da mafi yawan irin da ake shukawa a gidaje. Akwai irin Simirna, da ba ya riƙe ko ɗaya sai da barbara. Akwai kuma na tsakiya da ake kira San Pedro, zubinsa na farko na nuna da kansa, na biyu sai da ƙwaro. Gasparrini ya yi gwajinsa a kan irin da ba su damu da ƙwaro ba, ya yanke hukunci a kan duka. Manomin Simirna shi ma gaskiyarsa ya faɗa, game da nasa itacen.

Ƙwaron bai zo hannu rabbana ba. A shekarun 1920 aka gano yana ɗauko wata cutar ruɓa daga ɓauren jeji ya shigar da ita cikin na gona, kuma idan ƙwari suka yi yawa a ɗa guda, ƙwayoyi kan yi yawa har ya tsage. Shi ya sa manoman Kalifoniya suka koma dasa ɓauren jeji nesa da gona, suna ƙirga 'ya'yansa a jakar takarda suna maƙalawa a kowane itace gwargwadon bukata.

Wannan tsohon labari ya shafi duk wanda yau ya sayi dashen tin ya sa a babbar tukunya ko rabin duro a tsakar gida. Itacen na son tukunya. Matsin saiwa na rage masa haukan ganye ya sa shi saurin 'ya'ya, kuma ƙasa mai tsabta a tukunya na kare shi daga tsutsar saiwa da ke addabarsa a ƙasa mai yashi da zafi. Yana son rana sosai, yana son ramukan da ruwa zai tsiyaye a gindin tukunyar. Amma tukunya na saurin bushewa, kuma itacen da ya sha ƙishi yau ya sha ambaliya gobe zai zubar da 'ya'ya ko wane iri ne. Taki mai sa ganye idan ya yi yawa shi ma yana hana 'ya'ya, ƙaramin dashe kuma kan yar da zubinsa na farko. Waɗannan duka zubewar wasu suke jawowa, wasu su tsira, kuma suna gyaruwa idan an gyara kulawa.

Idan kuwa itace lafiyayye ne, ban ruwansa daidai, amma kowane zubi 'ya'yan su kai girma ɗaya su zube kaf, a fasa a ga ciki fayau a bushe, to a tambayi asalin dashen. Wanda aka tsirar daga ƙwayar busasshen tin na kasuwa shi ne babban abin zargi. Ƙwayar ta tsira ne don an yi wa uwarta barbara, kuma abin da ke fitowa daga irin wannan kusan rabi maza ne da ba a cin 'ya'yansu, matan kuma galibi halin uwarsu suke ɗaukowa. Ƙwaron namu ɓauren ba zai yi musu aiki ba, taki ko magani ba zai canza su ba. Abin yi shi ne a nemi reshe mai kaurin yatsa daga itacen da aka ga ya nuna shi kaɗai a gidan wani, a kafa shi a sabuwar tukunya, ko a yi masa aure a jikin tsohon don a ci moriyar saiwar da ta riga ta kafu.